Tsakanin daji da hauka: tarihin damuwar masu ciwon sankara a ƙasar Damargu

0. Gabatarwa

Wannan ƴar ƙasida tana duban wani ɓangare na tarihin lafiya a ƙasar Damargu, watau gundumomin Tanut da Belbeji na jihar Damagaram. Abin da za mu bi sawunsa shi ne halin da zuciyar mai ciwon sankara take shiga, da dalilin da ya sa wannan hali ya daɗe bai sami gurbi ba, ko a takardun hukuma ko a ɗakin likita. Likitocinmu da suka yi karatu da Faransanci suna kiran shi *dépression*. Bahaushe kuwa yana da kalmomi da dama da ke kewaye da shi, amma babu wadda ta faɗa daidai a kansa.

Ra'ayin da muke so mu kare shi ne wannan: tun zuwan Turawa, likitancin zamani ya gina ɗaki guda domin ciwon jiki, ya gina wani domin hauka. Matar da ke da ƙari a nono, hankalinta garau, amma zuciyarta ta karaya har ta daina cin abinci da shan magani, ba a tanadar mata ko ɗaya daga cikin ɗakunan nan biyu ba. Abu uku ne suka haɗu suka jawo haka: irin cututtukan da hukuma ta zaɓi ƙidayawa, nisan da ke tsakanin ƙauye da wurin magani, da kuma kalmomin da ake magana da su a kan ciwo. Za mu ɗauke su ɗaya bayan ɗaya, bayan mun ɗan gabatar da ƙasar.

1. Damargu: rumbu da hanya

Damargu tana tsakanin Damagaram da Abzin. Garin Tanut yana kan hanyar mota da ta nufi Agadas, wajen kilomita 150 arewa da birnin Damagaram. Belbeji, a ƙasar Tarka, ta zama gunduma mai zaman kanta a 2011. Kafin nan tana ƙarƙashin Tanut. Ƙidayar jama'a ta 2012 ta ba gundumar Tanut mutum sama da 400,000, Belbeji kuwa kusan 100,000. A nan Dagra masu jin Barbarci, da Hausawa, da Abzinawa, da Fulani, da Larabawa suke zaune tare, Hausa kuma ita ce harshen kasuwa.

A ƙarni na 19 Damargu ce rumbun geron Abzin. Ayarin Kel Owey yana auna hatsi a nan, fatake masu tasowa daga Tarabulus ta Gat da Agadas kuma suna ratsawa zuwa Damagaram da Kano. A garin Tagelel ne Barth da Richardson da Overweg suka raba hanya a watan Janairu na 1851. Stephen Baier, a littafinsa na 1980 kan tarihin tattalin arzikin tsakiyar Nijar, ya nuna yadda noma da kiwo da fatauci suke tallafar juna a wannan yanki, da yadda fari yake warware su. Da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911 sai fataucin hamada ya durƙushe, ba a jima ba kuma yunwar Kakalaba ta 1913-1914 ta auku. An sake ganin fari mai tsanani a 1973-1974 da 1984-1985, da ƙarancin abinci a 2005.

Abu biyu ne za mu riƙe daga wannan tarihi. Na farko, abin dogaron gida a Damargu shi ne rumbu da dabba, doguwar jinya kuwa su take fara ci. Na biyu, jama'a suna raɗa wa shekarun yunwa da annoba suna, domin masifa ce da ta sami kowa lokaci guda, tsofaffi kuma suna lissafin haihuwa da aure da su. Ciwon da ya ɗauki shekara biyu yana cin mace ɗaya a cikin ɗaki ba ya samun irin wannan suna. Saboda haka tarihin baka, wanda muke dogara da shi ƙwarai a wannan jami'a, shi ma ba ya ajiye labarinsa.

2. Abin da likitancin mulkin mallaka ya ƙidaya

Tawagar Foureau da Lamy ta ratsa Damargu a ƙarshen 1899. Yehoshua Rash, wanda ya rubuta tarihin shekarun farko na Faransawa a yankin (1973), ya siffanta su a sunan littafinsa da ƴan mulkin mallakar da ba su da ɗokin aikin. Damagaram ta riƙe matsayin babban birnin ƙasa daga 1911 zuwa 1926, sa'an nan aka mayar da shi Yamai. A ɓangaren lafiya, an kafa hukumar kula da lafiyar ƴan ƙasa ta Afirka ta Yamma ta Faransa a 1905, aka buɗe makarantar likitoci ta Dakar a 1918, aka kafa rundunar likitoci masu yawo ƙauye-ƙauye a 1945. Cututtukan da aka sa gaba su ne agana, sanƙarau, kuturta da ciwon barci, watau masu yaɗuwa, masu rage yawan masu biyan haraji da masu aikin tilas da sojoji. Unguwar Kara-Kara ta Damagaram, inda aka keɓe kutare, shaida ce ta wannan tsari. Ba mu raina abin da aka cim ma ba, tun da yake agana ta ɓace daga duniya, an kuma tabbatar da haka a 1980. Amma tsari ne na ƙidaya da allura da keɓewa, wanda ba shi da lokacin zama da mutum guda.

2.1. «Baƙar fata ba ya sankara»

A rabin farko na ƙarni na 20 likitocin Turai da yawa sun ɗauka sankara ciwon masu ci gaba ne. Albert Schweitzer ya rubuta cewa da ya isa Lambarene ta ƙasar Gabon a 1913 bai ga masu ita ba. Yau mun san dalilan wannan kuskure: mutane da yawa suna mutuwa kafin shekarun da sankara ta fi kama mutum, babu ɗakin binciken da zai duba ɗan naman da aka yanka a madubin likita, masu ciwon kuma suna jinya a gida. Da aka buɗe rajistar masu sankara a Kampala cikin shekarun 1950 da a Ibadan a 1960, da kuma Denis Burkitt ya bayyana sankarar muƙamuƙin yara a Uganda a 1958, sai wannan magana ta faɗi.

2.2. «Baƙar fata ba ya karayar zuciya»

An yi irin wannan kuskure a kan lafiyar hankali. A 1953 Hukumar Lafiya ta Duniya ta buga littafin J. C. Carothers, likitan mahaukata a Kenya, inda ya riƙe cewa *dépression* ba ta cika samun ƴan Afirka ba. Margaret Field, wadda ta zauna a wuraren bokayen Ashanti, ta nuna a 1960 cewa mata da yawa masu zuwa can suna da wannan ciwo sarai. Binciken da T. A. Lambo da Alexander Leighton da abokan aikinsu suka buga a 1963 a kan ƙasar Yarabawa ya sami alamominsa da yawa a ƙauyuka. A Dakar, Henri Collomb da ƴan makarantar Fann sun bi wannan hanya daga ƙarshen shekarun 1950 zuwa 1978.

Asalin kuskuren yana ga irin mutumin da ake kawo wa likita. Daga 1897 zuwa 1914 ana ɗaukar wasu masu taɓin hankali daga Senegal a kai su gidan mahaukata na Marsai. An tattauna matsalar a taron likitoci na Tunis a 1912, amma sai a 1938 aka sa hannu kan dokar da ta kafa sashen kula da su a Afirka ta Yamma ta Faransa, kuma yawancin abin da ta tanada ya tsaya a takarda. Wanda dogarin sarki ko ɗan sandan kumandan yake kamowa shi ne mai duka, mai tsiraici, mai ta da hankalin kasuwa, wanda a gargajiyance ma turu da mari aka tanadar masa. Wanda ya yi shiru ya juya fuska ga bango bai dami kowa ba, don haka bai shiga littafi ba. Kurakuran nan biyu tushensu ɗaya: an ɗauki abin da ya iso ƙofar likita a matsayin dukan abin da ke akwai. Mai sankara da zuciyarsa ta karaya kuwa duka biyun sun faɗa a kansa.

3. Sunayen ciwo da sunayen damuwa

3.1. Daji, sankara, kansa

Littafin da Yannick Jaffré da Jean-Pierre Olivier de Sardan suka shirya a 1999 ya nuna cewa sunayen ciwo na jama'a, irin su *zahi* a Hausa da *weyno* a Zabarmanci, ba su daidaita da cuta guda ta likitancin zamani. Haka abin yake ga *daji* ko *jeji*. Kalmar tana ɗaukar kumburi mai yaɗo, da gyambon da ya ƙi warkewa, da ƙarin da ke girma. Wasu daga ciki sankara ne, wasu kuwa ƙwayoyin cuta ne da magani ke kashewa cikin mako guda. Sunan da kansa yana tura ciwon waje da gari, wurin iskoki da namun dawa, wurin da boka da maharbi suka fi likita sani. Daga nan aka sami maganar da ta bazu ko'ina a ƙasar Hausa cewa daji ba ya son allura ko ƙarfe. Sakamakonta sananne ne: ana kai mutum asibiti bayan ciwo ya ci ƙarfinsa, ya rasu bayan an yi masa aiki, ƴan'uwa su koma gida da tabbacin cewa ƙarfe ne ya kashe shi.

Hausa tana da al'adar kauce wa sunan abin tsoro. Maciji da dare igiyar ƙasa ne, agana ƴan rani ce, sida kuwa an kira ta kabari salamu alaikum. *Sankara* tana cikin kalmomin da ake sassauta murya in za a faɗe su. Ga kunnen wanda Hausa ba harshen uwarsa ba ce, wanda bai rarrabe /k/ da /ƙ/, tana kuma iya rikicewa da *sanƙarau*. Kalmar aro ta shigo ta ƙofa biyu: *kansa* daga Ingilishi ta gidajen rediyo da Nijeriya, da *kanser* daga Faransanci ta bakin ma'aikatan lafiya. Amfanin kalmar aro ga ma'aikaci shi ne yana iya faɗar ta a gaban mara lafiya ba tare da ya gane ba. A nan harshe ya zama labule: likita da ɗan rakiya sun san abin da ake ciki, mai ciwon kuwa yana karanta shi a fuskokinsu.

3.2. Zuciya, rai, ciki, jiki, hankali

Mu duba waɗannan jimloli, waɗanda kowane mai jin Hausa ya san su:

(1) Zuciyata ta karaya.
(2) Raina ya ɓaci.
(3) Baƙin ciki ya cika ni.
(4) Jikina duk ya mutu.
(5) Tunani ya yi mini yawa.
(6) Duniya ta ishe ni.
(7) Ina fama da ciwon zuciya.

Abin lura a nahawu shi ne, daga (1) zuwa (6) mai maganar ba shi ne aikau ba. Wata gaɓa ce ta jikinsa, ko wani abu daga waje, ke aikatawa, shi kuwa karɓau ne ko mai mallaka. Faransanci yana cewa *je suis triste*, ya sa mutum a gaba. Hausa tana bi ta zuciya da ciki da jiki. Wannan shi ya ruɗi masu bincike na zamanin Carothers, har suka ce ɗan Afirka jikinsa kawai yake ji. Gaskiyar ita ce, da sunayen gaɓoɓi harshen yake faɗar abin da ke rai. Matsalar tana tasowa wajen fassara. Ma'aikacin da ke cika takarda da Faransanci zai mayar da (4) *asthénie*, ya rubuta maganin ƙarin jini. Zai ji (7) ya ɗauko abin awon hawan jini. Ga mai sankara ruɗanin ya ninka, tun da yake kasala da rama da rashin cin abinci da rashin barci duk ciwon da kansa yana kawo su.

A ɗaya gefen akwai kalmomin *hankali*: taɓin hankali, gushewar hankali, hauka. Waɗannan suna da nauyi ƙwarai, domin suna taɓa mutuncin gida da auren ƴaƴa. A Yamai, sunan sashen masu taɓin hankali na babban asibitin ƙasa, *Pavillon E*, ya zama abin zolaya a bakin jama'a. Ƴan jarida sun ƙirƙiro *lafiyar ƙwaƙwalwa* da *ciwon damuwa* domin cike giɓin. Amma *damuwa* kalma ce ta yau da kullum, wadda mai neman kuɗin cefane ma yake amfani da ita, don haka ta yi sauƙi; *ƙwaƙwalwa* kuwa tana mayar da mai sauraro ga hauka. Ke nan in aka ce wa matar da aka yanke wa nono ta je ta ga likitan ƙwaƙwalwa, abin da za ta ji shi ne an ƙara mata ciwo na biyu, wanda ya fi na farko kunya.

4. Daga 1960 zuwa 2021: ciwo ya shiga rajista

Lokacin samun ƴancin kai, tsawon ran da ake sa wa jariri a Nijar bai kai shekara 40 ba. Yau ya haura 60. Wannan kaɗai ya isa ya ƙara yawan masu sankara. An buɗe makarantar likitoci ta Yamai a 1974. A 1992 aka kafa rajistar sankara ta ƙasa a ɗakin binciken nama na wannan makaranta, ƙarƙashin Farfesa Hassan Nouhou. Daga 1992 zuwa 2009 rajistar ta rubuta mutum wajen 7,000: sankarar nono ce kan gaba ga mata, ta bakin mahaifa na bi mata, ga maza kuwa ta hanta. Hukumar binciken sankara ta duniya da ke Liyon ta ƙiyasta sababbin masu kamuwa a Nijar kusan 10,000 a shekarar 2020 kaɗai. Ko da an yi la'akari da ƙaruwar jama'a, tazarar da ke tsakanin alƙaluman nan biyu tana nuna yawan waɗanda ba su taɓa isa wurin da ake rubutawa ba.

Ta fuskar kuɗi, shirin Bamako na 1987 ya kawo biyan kuɗin magani a ƙananan asibitoci, karya darajar sefa da rabi a Janairun 1994 kuma ya tsauwala farashin magungunan da ake shigowa da su. A 2007 gwamnati ta ayyana maganin sankarar mata kyauta, bayan fiɗar haihuwa da maganin yara ƴan ƙasa da shekara 5. Binciken cibiyar LASDEL a kan wannan siyasa ta kyauta ya nuna yadda jinkirin biyan asibitoci kuɗinsu ya riƙa jawo yankewar magani. An kafa Cibiyar Yaƙi da Sankara ta Ƙasa a 2011, a 2021 kuma aka buɗe mata sashen gashi da haske, watau *radiothérapie*, na farko a ƙasar, da taimakon hukumar makamashin nukiliya ta duniya. Kafin nan sai an fitar da mutum waje.

Yanzu mu auna wannan ci gaba daga wani ƙauyen Gangara ko Olelewa ko Tenhiya. Matakan su ne: ɗakin shan magani na ƙauye, sa'an nan CSI, sa'an nan asibitin gunduma, sa'an nan babban asibitin Damagaram, daga can Yamai, fiye da kilomita 1,000 daga Tanut. Kyautar hukuma ba ta haɗa da kuɗin mota, da masauki, da abinci, da ɗawainiyar ɗan rakiya ba. Kowane mataki tunkiya ce ko buhun gero. In tafiyar ta faɗo da damina, gona ce za a bari. Magidancin da sankarar hanta ta kwantar yana kallon abin da ya tara yana ƙarewa a kansa. Matar da aka mayar gidan iyayenta jinya, kamar yadda aka saba, ta rabu da ɗakinta da ƴaƴanta, tana kuma tunanin kishiya da saki. Mai sankarar bakin mahaifa tana fama da zubar jini da wari, har ta janye daga taron suna da biki. Duk waɗannan ƙofofi ne da karayar zuciya take shigowa ta cikinsu.

5. Abin da aka gano a wasu ƙasashe

Haɗa sankara da baƙin ciki tsohon tunani ne. Likitancin Girkawa da na Larabawa ya danganta su duka biyu ga rinjayen *sauda*, watau baƙin ruwan jiki. Ishaƙ ibn Imran ya rubuta littafi sukutum a kan wannan ciwon rai a Ƙairawan wajen farkon ƙarni na 10, Abu Zaid al-Balkhi (ya rasu 934) kuma ya rarrabe baƙin cikin da ke da sanadi bayyananne da wanda ke sauka babu dalili. Sai dai manyan bincike na zamani ba su tabbatar da cewa baƙin ciki yana haifar da sankara ba, kuma wajibi ne a faɗi haka, kada a ɗora wa mara lafiya laifin ciwonsa. Abin da aka tabbatar shi ne, karayar zuciya tana sa mutum ya bar magani.

A Amurka ma shiru aka fara yi. Binciken Oken na 1961 ya sami kashi 90 cikin 100 na likitoci ba su faɗa wa mutum yana da sankara. A 1979 binciken Novack ya sami kashi 97 suna faɗa. A tsakanin nan Cicely Saunders ta buɗe gidan jinyar St Christopher's a Landan (1967), tana koyar da cewa zafin mai mutuwa ya haɗa jiki da rai da iyali da imani. Jimmie Holland ta kafa sashen kula da hankalin masu sankara a asibitin Memorial Sloan-Kettering na New York a 1977. Wani nazari da Mitchell da abokansa suka buga a 2011, wanda ya tattara bincike da dama, ya sami *dépression* ga wajen mutum 1 cikin 6 na masu sankara. Wannan adadi yana koyar da abu biyu: ciwon yana da yawa, kuma ba kowane mai sankara ke da shi ba, don haka kuskure ne a ce ai dole ne. A Sikotilan, gwajin da Sharpe da abokansa suka buga a 2014 ya nuna cewa in ma'aikatan jinya da aka horar suka kula da wannan ɓangare, kashi 62 suna samun sauƙi, a maimakon 17 a kulawar da aka saba.

Misalin da ya fi kusa da mu na Zimbabwe ne. Can masu bincike sun tashi daga kalmar Shona *kufungisisa*, wadda ma'anarta ta yi daidai da jimlarmu ta (5), suka gina tambayoyin gwaji da harshen jama'a. Daga baya Dixon Chibanda ya horar da tsofaffin mata su zauna a kan benci a harabar asibiti suna sauraron mutane, gwajin da aka buga a 2016 kuma ya tabbatar da amfanin haka. A Uganda, Anne Merriman ta fara raba ruwan morfin mai araha a 1993, domin wanda zafi ya hana barci ba ya jin lallashi. Shirin mhGAP na Hukumar Lafiya ta Duniya (2008) an gina shi a kan cewa ma'aikacin ƙaramin asibiti yana iya gane wannan ciwo ya kuma yi maganinsa.

6. Haƙuri da «da sauƙi»

Jama'ar Damargu ba su jira likita ba kafin su san yadda ake riƙe mara lafiya. Akwai dubiya, da gudummawar dangi, da addu'a da rubutun sha. Jacqueline Monfouga-Nicolas ta nuna a 1972, a ƙasar Maraɗi, yadda bori yake ba matan da ciwo ya kayar wata sabuwar ƙungiya. Ginshiƙin duka shi ne haƙuri, wanda Kirk-Greene (1974) ya lissafa cikin siffofin mutumin kirki. Haƙuri da tawakkali suna riƙe mutane da yawa a halin da babu abin da asibiti zai iya yi, kuma duk tsarin da ya raina su ba zai karɓu ba.

Amma mai nazarin harshe dole ya dubi yadda ake amfani da kalma a cikin zance. Gaisuwar mara lafiya tagwayen jimloli ce da ba ta canzawa:

(8) Ya jiki? Da sauƙi.

Amsar nan wajibi ce ko da mutum yana gargara. Tambayar gaisuwa ce, ba a yi ta domin neman labari ba. In kuwa mara lafiya ya ƙetare ta ya faɗi (6), abin da zai biyo baya shi ne «sai haƙuri», wanda a wannan gurbi aikinsa rufe zance. Kunya tana ƙara ɗaure bakin mace a gaban suruki ko likita namiji, namiji kuma an hore shi tun yana yaro kada ya yi raki. Ke nan ma'aikacin da ya tambayi (8) ya ji «da sauƙi» bai auna kome ba.

Malamai suna da abin cewa a nan. Alƙur'ani ya ba da labarin Annabi Yaƙub, wanda baƙin cikin rabuwa da ɗansa ya taɓa masa gani, bai kuwa fita daga cikin masu haƙuri ba. Littattafan sira suna kiran shekarar rasuwar Nana Hadiza da Abu Ɗalib shekarar baƙin ciki. Faɗar abin da ke rai bai saɓa wa tawakkali ba. Haka kuma a fiƙihun Malikiyya da ake karantawa a zaurukanmu, jinin da ya wuce kwana 15 jinin ciwo ne, mai shi tana wanka ta yi salla. Matar da ta yi watanni tana ganin an raba ta da salla, wannan hukunci kaɗai yana iya sauke mata kaya mai nauyi, in an sami wanda ya gaya mata.

7. Kammalawa

Mun ga yadda likitancin mulkin mallaka ya musanta sankara da karayar zuciya ga ɗan Afirka, bisa dalili guda. Na farkon ya shiga rajista a 1992, ya sami cibiya a 2011 da na'ura a 2021. Na biyun har yanzu yana maƙale tsakanin kalmar da ta yi sauƙi da kalmar da ta yi nauyi. Gina sashen gashi aikin gwamnati ne, amma akwai aikin da ya rataya a wuyan sashenmu.

Na farko, a tattara kalmomi da jimlolin damuwa daga bakin masu jinya da ƴan rakiya da ungozomomi a Tanut da Belbeji, da Hausa da Tamajak da Fulatanci da Barbarci, domin Ba'abziniyar Tarka maganarta tana ratsa fassara biyu kafin ta isa takardar likita. Na biyu, a yi aiki da likitocin Damagaram da Yamai a fitar da ƴan tambayoyi kaɗan da ke kauce wa alamomin jiki, kamar yadda Zigmond da Snaith suka yi a ma'auninsu na 1983, a kuma gwada su a ƙauye maimakon a fassara su daga Faransanci a ofis. Tambaya irin «me ke hana ki barci?» ko «akwai abin da har yanzu yake faranta miki rai?» ba ta da amsar da al'ada ta riga ta tanada, don haka tana buɗe zance. Na uku, a nazarci yadda ake sanar da mugun labari da Hausa, wa ake fara gaya wa, da wane lafazi, domin a sami hanyar da ta kiyaye kunya ba tare da an bar mai ciwo shi kaɗai cikin zato ba. Ɗalibanmu masu neman batun digiri na biyu, musamman ƴan asalin Damargu, suna da harsunan da wannan aiki yake bukata.